Yadda Ake Kula da Filtar Mai da Yadda Ake Canza Ta

Filtar mai, wato wadda ke tace fetur ko dizal a kan hanyarsa daga tanki zuwa inji, tana cikin kayan mota mafi araha, amma ita ce ke tsare masu tsadar, musamman famfon mai da nozul. Daban take da filtar baƙin mai da ake canzawa a lokacin juye, shi ya sa mota takan shekara biyu ana yi mata juye a kan kari ba tare da kowa ya taɓa ta ba. Mai mota a Garwa ko Marwa ko Kuseri, a arewacin Kamaru, yana da dalilin kula da ita fiye da direban da kamfani ya rubuta littafin motar dominsa, saboda man da ke shiga tankinsa ya biyo ta hannaye da yawa. Na gidan mai yakan taso daga Duwala, jirgin ƙasa ya kawo shi Ngaundere, sannan tankoki su ƙaraso da shi arewa. Man zuwa-zuwa kuwa, wanda ake tsallako da shi daga Najeriya, daga duro yake komawa jarka, daga jarka zuwa kwalba, sannan ya wuni a kan tebur a bakin titi, inda ƙurar hunturu ke sauka a kan mazurari da bakin kwalba. Kowace juyawa tana iya ƙara masa ƙasa ko tsatsa ko ruwa, kuma duk abin da ya shiga tanki a kan filta zai ƙare.

A cikin gwangwanin filtar akwai takarda ta musamman da aka ninninke domin ta sami faɗi mai yawa a ƙaramin wuri. Ana auna ramukanta da maikiron, wato kashi ɗaya cikin dubu na milimita. Filtar motar fetur mai injakta takan tare abin da ya kai kimanin maikiron 10, ta injinan dizal na zamani irin D-4D na Toyota kuwa takan sauka zuwa tsakanin 2 da 5, alhali kaurin gashin kan mutum yakan kai kimanin 70. Ke nan dattin da ke cinye nozul ido ba ya ganinsa, kuma ƙyallen da mai sayar da mai ke ɗaurawa a bakin mazurari, duk da yana da amfaninsa, yashi da ciyawa kawai yake tarewa. Akwai kuma abin da ya fi ƙarfin filta: idan an gauraya fetur da kananzir, gaurayen zai wuce ta cikinta yadda ya zo, don haka sabuwar filta ba ta maganin algus.

Alamomin toshewa da lokacin canji

Filta ba ta toshewa a rana ɗaya, kuma alamar farko takan bayyana ne a lokacin da inji ke neman mai da yawa. Mota za ta tashi lafiya da safe, ta zagaya cikin gari ba tare da gardama ba, amma da an ɗauki hanyar Ngaundere aka fara hawan dutsen da ke gaba da Mbe da kaya a baya, sai a taka totur ta ƙi amsawa, ta riƙa fizga, a sauko daga giya ta huɗu zuwa ta uku har ta biyu, ƙarfin bai dawo ba. Idan aka tsaya aka kashe ta na ɗan lokaci, dattin da ya manne a takarda yakan ɗan saki, ta ci gaba da tafiya kamar ta warke, bayan 'yan kilomitoci abin ya dawo. Wannan tafiya da dawowar tana daga cikin abubuwan da suka fi nuna filta. Idan toshewar ta yi nisa, mota takan daɗe kafin ta tashi, ta riƙa mutuwa a silo, kuma a wadda famfonta ke cikin tanki akan ji kukansa ya ƙaru daga wajen kujerar baya, domin yana turawa ne man ba ya samun hanya. Mataccen fulogi, ko filtar iska da ƙura ta cika, ko famfon da ya gaji, duk suna iya kawo irin waɗannan alamomi, amma idan an daɗe ba a canza filtar mai ba, da ita ya kamata a fara kafin a shiga sayen kaya masu tsada.

Kamfanoni sukan ba da tazara tsakanin kilomita 20,000 da 60,000 gwargwadon irin motar, kuma littafin kowace mota shi ne hujja a kanta. A ganina, wanda mafi yawan mansa na jarka ne, ko mai bin hanyar da ke girgiza tanki ta tayar da abin da ya kwanta a gindinsa, irin ta Mora zuwa Kuseri, ya raba wannan adadi biyu, sannan ya bar tsohuwar filtar ta nuna masa ko ya ƙara ko ya rage. Motar da ba ta yawan tafiya ma a canza mata sau ɗaya a shekara, kuma ƙarshen damina, wajen watan Oktoba, lokaci ne da ya dace, tunda a watannin ruwa ne mai ya fi ɗaukar danshi.

Shiri

Kafin a kwance komai, a tabbatar sabuwar tana hannu kuma ita ce daidai. A je shagon kayan gyara da lambar da ke jikin tsohuwar, ko da lambar shasi da ke cikin takardar mallakar mota. Filtoci biyu suna iya yin kama a ido alhali zaren bakinsu ya bambanta, kuma filtar roba ta motar kafireto, wadda aka yi domin matsin da bai wuce rabin bar ba (bar ma'aunin matsi ne), tana iya fashewa idan aka sa ta a motar injakta mai matsin kimanin bar 3. Jabu sun yi yawa a kasuwa, don haka a ɗaga ta a ji nauyinta, a duba zaren ko yana da kaifi da tsabta, a leƙa ciki ko akwai ɓurɓushin ƙarfe ko gam da ya zubo. Wadda aka tarar bakinta a buɗe tana shan ƙura a kan kanta, a bar wa mai shago abinsa. Washar jan ƙarfe da zoben roba, idan motar tana amfani da su, a saye su tare.

Kayan aikin ba su da yawa: sifanoni daidai da notocin motar, filaya, sukudireba, kwanon ƙarfe mai faɗi na tarar mai, kwalba mai haske, tsummoki masu tsabta, tabarau na kare ido, da tocila mai batir. Ga motar dizal a ƙara sifanar filta mai sarƙa da guntun tiyo siriri. Wurin aikin ya fi kayan muhimmanci. Tururin fetur ya fi iska nauyi, yana bin ƙasa ya taru a rami ko ƙarƙashin mota, kuma a zafin Maris da Afrilu, lokacin da ma'auni ke wuce digiri 40, yana tashi da sauri ƙwarai. A zaɓi inuwa a fili inda iska ke wucewa, nesa da mai walda da murhun mai shayi da janareto da mai shan taba. A ajiye abin kashe gobara mai hoda ko bokitin yashi a kusa, domin ruwa yaɗa wutar fetur yake yi. A bar inji ya huce sosai, a yi aikin da sassafe kafin iska ta tayar da ƙura, kuma idan sai an ɗaga motar, kada a shiga ƙarƙashinta tana kan jak kaɗai. A tokare ta da madogaran ƙarfe a kan ƙasa mai tauri, a ja burkin hannu, a tare tayoyin da katako.

Motar fetur

Matakin farko shi ne sauke matsin da ke cikin bututu, domin ko an kashe mota man yana nan a matse, kuma wanda ya kwance noti kai tsaye zai sha feshin fetur a fuska. A buɗe akwatin fiyus, a duba zanen da ke bayan murfinsa, a zare fiyus ko rilen famfon mai. A tayar da mota a bar ta har ta mutu da kanta, sannan a sake murɗa makulli sau ɗaya ko biyu domin sauran matsin ya fita. A wasu motocin fiyus ɗaya ne ke ba famfo da kwamfutar inji wuta, don haka idan aka zare shi motar ba za ta tashi ba sam; a irin wannan sai a zare soket ɗin famfon da ke kan tanki, wanda yawanci yake ƙarƙashin kujerar baya. Bayan haka a buɗe murfin tanki iskar ciki ta fita, a cire wayar batir mai alamar ragi a kawar da ita gefe.

Daga nan sai a nemo filtar. A Corolla da Carina E na shekarun 1990 tana cikin ɗakin inji, ƙasa-ƙasa kusa da bangon da ya raba inji da direba, a motoci da yawa na Turai kuwa tana ƙarƙashin mota kusa da tanki. Kafin sifana ta taɓa noti, a goge filtar da mahaɗanta da duk kewayenta har ƙasa ta ƙare. Wannan matakin ne aka fi tsallakewa, kuma shi ne ke ɓata aikin gaba ɗaya, domin ƙasar da ta faɗa cikin bututun da ke gaban filta ba ta da sauran abin da zai tare ta, nozul za ta nufa kai tsaye. A lura kuma da inda kibiyar da ke jikin tsohuwar take kallo.

Kwancewa ta danganta da irin mahaɗin. Idan kusa ce mai rami a ciki wadda mai ke bi ta cikinta, da washar jan ƙarfe ɗaya a sama ɗaya a ƙasa, a riƙe jikin filtar da sifana ɗaya, a kwance kusar da ta biyu, a lulluɓe wurin da tsumma yayin da ake sassautawa. Idan noti ne da ke kan bututun ƙarfe, kamar wanda ke gindin filtar tsofaffin Toyota, sai an yi haƙuri da shi, domin sifana mai buɗaɗɗen baki takan cinye kusurwoyinsa, kuma idan ba a riƙe filtar ba bututun ne zai murɗe. A fesa masa man sassauta tsatsa, a jira, a kawo sifanar bututu mai kama noti ta kusan kowane gefe, kuma a sassauta shi tun filtar tana ɗaure a mazauninta. Idan kuwa mahaɗin roba ne mai kulle kansa, a matsa kunnuwansa biyu, a ɗan tura shi ciki sannan a ja. Zafin ƙasarmu yana busar da irin wannan roba, ƙarfi kaɗan ya isa ya karya ta. Da zarar bututu ya fita a rufe bakinsa da leda mai tsabta, a sassauta maɗaurin, a zaro filtar, a juye man da ke cikinta ta bakin shiga zuwa cikin kwalbar nan mai haske, a ajiye.

A jera sabuwar da tsohuwar a gwada tsayi da zare da bakuna, sannan a sa ta a mazauninta kibiya tana kallon inji, ko bakin da aka rubuta wa IN yana wajen tanki, mai OUT yana wajen inji. Kowane noti a fara ɗaura shi da yatsu har ya shiga zagaye da dama ba tare da turjiya ba, domin notin da ya ƙi yatsu ya hau zare a karkace ne. Washar jan ƙarfe sau ɗaya take aiki, matsewar farko ce ke sa ta baje ta cike gurbi, saboda haka a sa sababbi. A ɗaure daidai gwargwado, ba tare da ƙara bututu a hannun sifana ba.

A mayar da fiyus da wayar batir da murfin tanki. A murɗa makulli zuwa inda fitilun dashbod ke kamawa, a jira daƙiƙa uku, a kashe, a maimaita sau uku ko huɗu domin famfo ya cika filtar. A wasu tsofaffin Toyota famfon ba ya aiki sai inji yana juyawa, don haka za ta ɗan daɗe kafin ta kama. Idan ta tashi a bar ta a silo, a haska kowane mahaɗi da tocila, a shafa busasshiyar takarda a ƙarƙashinsa. Ko danshi kaɗan aka gani, a kashe, a sake sauke matsi, a gyara, kuma bayan an zagaya 'yan kilomitoci a sake dubawa.

Tsofaffin motoci masu kafireto irin Peugeot 504 aikinsu bai kai haka ba, tunda filtar roba ce tsakanin tiyo biyu: a sassauta maɗaurai, a murɗa tiyon a hankali ya saki, a yanke bakinsa idan ya tsattsage, a sa sabuwa kibiya tana kallon kafireto, kuma a nisanta ta da bututun salansa. Motocin fetur da yawa da aka ƙera daga farkon shekarun 2000 kuwa filtarsu tana cikin tanki haɗe da famfo, kuma buɗe tanki mai cike da tururi aiki ne da ya fi dacewa a bar wa bakaniken da ya saba da shi.

Motar dizal

Filtar dizal aiki biyu take yi, tace datti da raba ruwa, kuma na biyun ne ya fi shafar masu Hilux da Hiace da Land Cruiser a yankinmu. Ruwa ya fi dizal nauyi, yana kwanciya a gindin filtar, inda akwai magudana da na'urar da ke kunna fitila a dashbod idan ya taru. Dizal ɗin kansa ne ke sa santsi a sassan famfon inji da nozul daga ciki, ruwa kuwa tsatsa da gogayya yake kawowa, kuma a injin zamani da matsinsa ke kaiwa bar 1,600 zuwa sama ɓarnar ba ta ɗaukar lokaci. A Hilux da yawa na bayan 2005 fitilar tana ƙyaftawa idan ruwa ne, tana tsayawa a kunne idan filtar ce ta toshe.

Zubar da ruwa ba ya buƙatar canza filta. A kashe inji, a sa tiyo siriri daga bakin magudanar zuwa cikin kwalba, a sassauta ta da hannu kimanin zagaye biyu, a riƙa danna famfon hannu da ke saman filtar har ruwan ya ƙare dizal zalla ya fara fitowa, sannan a ɗaure da hannu kawai, domin roba ce. Mai shan man jarka kada ya jira fitila, ya riƙa yin haka sau ɗaya a wata, da damina ma fiye da haka.

Idan canji ne, a cire wayar batir, a goge kan filtar da kewayenta, a zare soket ɗin na'urar ruwa, a zubar da dizal ɗin ciki ta magudana, sannan a kwance gwangwanin da sifanar sarƙa. A duba ko tsohon zoben roba ya manne a mazauni, domin zobe biyu a kan juna ba sa riƙewa. A kwance na'urar ruwa daga gindin tsohuwar, a wanke ta, a tabbatar ɗan abin da ke hawa da sauka a jikinta yana motsi, a sa mata sabon zobe, a ɗaura ta a sabuwar. A shafa dizal mai tsabta a zoben sama, a ɗaura filtar da hannu har zoben ya taɓa mazauni, sannan a ƙara kimanin kashi uku cikin huɗu na zagaye, ko abin da aka rubuta a jikinta. A motocin da takardar kaɗai ake canzawa a cikin kwanon da ba a yarwa, a goge cikin kwanon da ƙyallen da ba ya zubar da zare, a canza zoben murfi, a daidaita alamar murfin da ta kwanon.

Al'adar cika sabuwar filta da dizal daga jarka kafin a ɗaura ta, domin a huta da danna famfo, daga tsofaffin injina masu haƙuri aka gado ta, kuma ba ta dace da na zamani ba. Ramin tsakiya shi ne mafitar tataccen mai zuwa inji, duk abin da aka zuba ta nan ya riga ya tsallake takardar.

Abin da ya rage shi ne fitar da iska, domin injin dizal da ya sha iska ba ya tashi. Idan akwai ƙaramar kusar fitar da iska a kan filtar, a sassauta ta, a riƙa danna famfon hannu har kumfa ta ƙare, a ɗaure. Idan babu, a ci gaba da dannawa har famfon ya yi tauri a ƙarƙashin tafin hannu. Sannan a mayar da wayar batir a tayar, amma kada a riƙe makulli fiye da daƙiƙa 10 zuwa 15 a jere, kuma a bar kik ya huce tsakanin gwaji da gwaji. A tsofaffin injina irin 1HZ na Land Cruiser kanikawa sukan sassauta notin bututun nozul idan ta ƙi tashi, amma a D-4D da makamantansa kada a kusanci waɗannan bututai, domin feshin da ke fita da irin wannan matsi yana huda fata. Idan mota ta tashi yau ta ƙi tashi washegari da safe, ko famfon hannu ya ƙi yin tauri, iska ce ke shiga ta wani zobe ko tiyo, kuma sau da yawa ba a ganin ɗigo ko ɗaya, tunda a wannan ɓangaren tsotso ake yi.

Abin da tsohuwar filta ke nunawa

Ko a gida aka yi aikin ko a gareji, kada a yar da tsohuwar kafin a duba ta. Wanda ya kai wa bakanike ya gaya masa tun farko, "Malam, a ajiye mini tsohuwar da man cikinta in gani." A bar man ya kwanta a kwalba na minti goma. Ruwa zai fito fili a ƙasa, da layi tsakaninsa da mai. Jan gari mai kama da dakakken barkono tsatsa ce, daga tankin motar ko daga duron mai sayarwa. Yashi mai laushi ƙura ce, kuma hanyarta mazurari ne ko murfin tankin da robarsa ta mutu. Baƙin abu mai yauƙi a filtar dizal ƙananan halittu ne da ke rayuwa a inda ruwa da dizal suka haɗu, alamar ruwa ya daɗe a tanki. Ɓurɓushin ƙarfe mai sheƙi kuwa yana nufin wani famfo ya fara cin kansa, kuma gara a kai motar wurin masu gyaran famfo kafin a ƙara wata tafiya. Bayan filtar ta tsiyaye ta bushe a fili, ana iya buɗe gwangwanin da almakashin kwano, ba da injin yanka mai tartsatsi ba, a ware ninkin takardar. Idan launinta na asali yana bayyana tsakanin ninki, tazarar da aka ɗauka ta yi. Idan ta yi baƙi ƙirin ko ta lotsa ciki, an makara, sai a rage. A rubuta kilomita da kwanan wata a jikin sabuwar domin lissafi na gaba.

Wanke filta da fetur a hura ta da iskar kwamfuresa, kamar yadda ake yi a gefen hanya, yana fitar da dattin sama-sama ne ya bar wanda ya nutse, kuma iska mai ƙarfi tana yaga takarda a inda ba a gani, shi ya sa motar take yin ƙarfi nan take, tunda babu sauran abin da ke tare komai. Haɗa tiyo kai tsaye a tsallake filta ya fi wannan muni. Abin da ke hana mutum faɗawa cikin ɗayansu shi ne ajiye sabuwar filta a ledarta cikin mota, tare da washa da sifanonin da suka dace, musamman kafin tafiya irin ta Marwa zuwa Injamena. Hura filta da baki ko tsotso mai da tiyo ma a bar shi, domin fetur da ya sarƙe mutum ya shiga huhu yana kawo ciwo mai tsanani.

Kada a bar tanki yana sauka ƙasa da kwata, saboda man ne ke sanyaya famfon da ke cikinsa, kuma tankin da ya kusa ƙarewa ya fi tara raɓa idan dare ya yi sanyi. Idan an sayi man jarka a bar shi ya kwanta, kuma kada a juye ɗan abin da ya rage a gindi. Idan duk da haka sabuwar filta ta toshe cikin 'yan makonni, matsalar tana cikin tanki: a sauke shi, a zubar da abin da ke ciki a mazubi mai murfi, a ɗauraye shi da mai mai tsabta har ya fito fes, a wanke ko a canza ragar da ke bakin famfo, a hura bututun da ke zuwa filta, sannan a sa wata sabuwar filtar. Tankin ƙarfen da tsatsa ta ci cikinsa har tana ɓarewa kuwa, wanki ba ya tsayar da ita, sai dai a nemi wani.